Gwangwanin Madam Klara

Litinin, 3 ga Maris, 2014
Yau na yi tsintuwa! Ina kwashe tarkacen kabad ɗin Madam Klara, tsohuwar da nake jinya a nan Bronx, sai ga wani gwangwani mai faɗi kamar faranti, duk ya yi tsatsa. Wari kuwa kamar safar da ta kwana a takalmi. Saura ƙiris in jefa shi a shara. Tsohuwa ta shafa shi da hannu, don idanunta sun kusa tafiya, sai ta ƙwala ihu har na zabura.

Wai fim ne na zamanin da fim ba ya magana, kuma mahaifiyarta ce tauraruwar. Matar ta tafi Kalifoniya neman suna lokacin Madam tana goye, can ta rasu. Duk finafinanta sun ɓace. Madam ta haura casa'in ba ta taɓa ganin uwarta tana motsi ba, ta ɗauka ma gwangwanin ya salwanta tun wata ƙaura.

Talata, 4 ga Maris
Na ba ƙawata Adjara labari a jirgin ƙasa. Ta ce, "Ei Tahiratu, ki sa a DVD mu kalla mana!" Ita komai DVD ne.

Alhamis, 6 ga Maris
Warin ya cika ɗaki. Na kawo kaskona da turaren wuta daga gida, na rufe na'urar da ke ƙara in ta ji hayaƙi da hular wanka yadda duk muke yi. Na ɗora gwangwanin gefen garwashi, na buɗe murfin don turare ya shige shi sosai. Madam ta ce gidanta bai taɓa ƙamshi haka ba. Na ji daɗi.

Juma'a, 7 ga Maris
Inna lillahi. Jikan ƙanin Madam ya turo wata mata daga ma'ajiyar tsofaffin finafinai. Ta shigo da fara'a, ta ga kasko kusa da gwangwani, fuskarta ta koma kamar tuwon shinkafa. Ta ce irin wannan fim ɗin da kansa ma yakan kama da wuta, kuma in ya kama ko ruwa ba ya kashe shi. Da na ƙona uwar Madam, da Madam, da bene guda, duk don neman ƙamshi!

Ta sa safar hannu ta ɗauke shi kamar jariri. Ta ce ya fara narkewa, ba ta yi alkawarin komai ba. Madam ta ce mata, "Ku yi sauri, ba ni da lokacin jira."

Na cire hular wankan daga kan na'urar hayaƙin.

Laraba, 2 ga Afrilu
Shiru daga ma'ajiya. Madam ta yi mura, ta ƙi cin abinci. Na ce mata in ta kuskura ta mutu kafin fim ya zo ba zan yafe mata ba. Ta yi dariya, ta sha miya cokali kaɗan.

Alhamis, 24 ga Afrilu
Mutanen ma'ajiya sun kira! Sun ceto wani yanki! Ba duka ba, ƙarshen ya manne ya zama kamar zuma, amma uwar Madam tana ciki. Na yi guɗa a kicin har maƙwabci ya buga bango.

Asabar, 7 ga Yuni
Na yi wa Madam kwalliya, har da jan baki. Ni ma na ɗaura leshina na Sallah. A wani ƙaramin ɗaki a Manhattan aka zaunar da mu, aka kashe fitila.

Hoto na fitowa Madam ta damƙe hannuna. "Haske kawai nake gani. Faɗa mini."

To ni da na tashi a gidan bidiyo na Zangon Kumasi, inda ba a kallon fim sai wani na fassarawa? Na matsa kusa da kunnenta. Na ce ga ta nan, doguwa, idanu manya, tana gudu cikin ƙanƙara da jaririya a ƙirji. Ga mugun mai gida da gashin baki, ya nuna mata ƙofa, Allah ya isa! Na ce tana ɗaga kafaɗar hagu in tana tafiya, irin tafiyar Madam sak. Madam ta yi wani ƙaramin sauti, ban san ko dariya ba ce.

Matar ta ajiye jaririyar a ƙofar wani gida, ta sumbace ta, ta juya. Ta waiwayo. Daga nan hoton ya yi ƙuraje, ya yi fari fat.

Madam ta ce, "Sai me? Ta dawo?"

Matar ma'ajiya ta buɗe baki, na riga ta. Na ce, "Ta dawo. Ga ta can da gudu, ta ɗauke ta."

Lahadi, 8 ga Yuni
Madam ta cinye karin kumallonta tas.

Ban san me ya sa na faɗi haka jiya ba. Ni da na bar 'yata Fusena a Kumasi tana tatata, yau har ta shiga sakandare, ni ce mai cewa ta dawo.

Na fito da fasfo ɗina daga ƙasan akwati. Bai mutu ba tukuna. Dubawa kawai na yi.