Tiyar Yayana da Takardar Gidanmu

Zuwa ga Shugaban Kwamitin Rabon Hatsi Mai Rahusa na yankinmu.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, ranka ya daɗe, ina rubuto maka ne daga Guangzhou ta ƙasar Sin, inda nake saro wandunan jins a Xintang ina aikawa gida. Wasiƙa uku na turo ofishinka ta fakis, ko "mun gani" ban samu ba. Shi ya sa wannan karon na bar ta a buɗe, kowa ya karanta.

Ni ƙanen Hamisu ne, mai awon hatsi, wanda kuke shari'a da shi shekara biyu ke nan. Gidan da lauyanku ya roƙi kotu ta yi gwanjonsa gidanmu ne na gado, kuma mahaifiyarmu tana ciki.

Na ɗaya. A shekarar da hatsi ya yi tsada kuka nemi masu rabo, kuka ce kowa ya ajiye jingina. Hamisu bai yi boko ba, sai ya turo mini kwangilar nan. A tsaye na karanta ta a shagon wani Basine, ana ɗaure mini kaya, na ce masa ya sa hannu, ya ba ku takardar gida. Ban lura cewa da kilo kuka yi lissafi ba. Wannan laifina ne, ban ɗora wa kowa ba.

Na biyu. Ba ku ba shi sikeli ba. Buhuna kuka sauke masa, kuka ce kowane magidanci tiya kaza. A lissafin kilon da ke takardarku buhu tiya arba'in ne, wato tiyar da aka shafe bakinta. To ranka ya daɗe, a wace kasuwar ƙasar Hausa ake shafe bakin tiya? Ana cika ta ne har hatsi ya yi tsini, a tare da hannu. Haka mahaifinmu ya auna, haka Hamisu ya tashi ya gani. Da ya shafe wa tsohuwar da ta yini a layi bakin tiya, da ranar ya bar unguwar. Ya auna yadda aka saba, buhu ya riƙa tashi a talatin da biyar ko da shida. Abin da kuke kira satar hatsi ke nan, alhali yana cikin tukwanen mutanen da kuka ce a ba.

Na uku. Alkawarinku shi ne za ku biya ladan rabo da kuɗin mota a kan kowane buhu. Daga aljihunsa ya biya direbobi da masu dako. Wata tara yana sintiri ofishinku neman haƙƙinsa, ana ce masa ya dawo gobe. Nan idan Basine ba shi da kaya zai ce maka "meyo", babu, ka kama gabanka, kuma wallahi na gwammace hakan. Da Hamisu ya gaji ya kai ƙara, sai a lokacin kuka tuna akwai giɓi, kuka shigar da taku. Tun daga nan ana ɗage zama, sau da yawa don lauyanku bai zo ba. Ranar neman gwanjo kuwa ya riga alƙali isowa.

An ce in zo in ba da shaida ƙarshen watan nan. Lokacin babban baje kolin kasuwanci na Pazhou ne a nan Guangzhou, kuma idan na fita daga ƙasar nan ba ni da tabbacin sake samun biza. Duk da haka na sayi tikiti. Ni na ce ya sa hannu, ba zan zauna a nan ina ƙirga wanduna ba.

Roƙona uku ne. A kawo buhu ɗaya da tiya gaban alƙali, a kira duk mai awon da kuka ga dama daga kasuwa ya auna, a ƙirga. A kira mutanen da suka dangwala yatsa a takardar karɓa, suna nan da ransu, su faɗi ko an tauye su. Sannan a janye batun gwanjo har a gama. Kuɗin ladan, idan an ga ba mu cancanta ba, mun bar wa Allah.

Ina roƙon a gaggauta. Ƙanwata ta faɗa mini a waya cewa tsohuwarmu ta fara rarraba wa maƙwabta tukwanenta da turminta, wai kada ranar fita ta zo kaya su yi mata yawa a idon jama'a.

Allah Ya ba ka ikon yin adalci, Ya sa ka gama da iyayenka lafiya a ƙarƙashin rufinsu.

Wassalam.

Ƙanen Hamisu mai awo,
Guangzhou.