Sunaye Goma Sha Bakwai

Litinin, 3 ga Maris
Haƙorina na gaba ya fita da safe, a cikin dafaffen rogo. Saura huɗu. A Afrilu za mu rufa ɗakin kakanni da sabuwar ciyawa, ni ne mai rera sunayensu goma sha bakwai da harshenmu na Kula. Duk ƙauyenmu na Lantoka ba wanda ya riƙe su sai ni.

Alhamis, 6 ga Maris
Na gwada rerawa a gona. Iska ce ke fita, ba suna ba.

Lahadi, 16 ga Maris
Ɗana Elifas ya zo daga birnin Kupang. Daga uba sai ɗa namiji, haka na karɓa, haka zan bayar. Na zaunar da shi. Malayanci, yaren birni, ya riga ya cinye masa harshe. Inda ake jan murya ya datse, inda ake datsewa ya ja. Na ce, "Kai, kakanka kake kira ko akuya?" Ya ce, "Baba, ai kai ma busa kake yi." Muka yi dariya. Tawa ba ta kai ciki ba.
Ya ce in rera a wayarsa. Na ƙi. Waya ɗana ce?

Laraba, 26 ga Maris
Ya koma. Suna uku ya riƙe, su ma a gurguje.

Asabar, 12 ga Afrilu
An rufa ɗakin. Aka kama hannu aka zagaya, na fara. A suna na tara bakina ya ƙi. Sau uku ina sake ɗauka. Ƙafafu suka tsaya, kowa na kallon ƙasa.
Sai murya daga cikin mata. Penina ce, 'yata, wadda ta dawo gida bayan rasuwar mijinta. Ta ja inda ake ja, kamar mahaifina ne ya tashi. Ta kai ƙarshe.
Da aka watse na ce, "Wa ya ba ki?" Ta ce, "Shekara arba'in ina daka a bayanka, Baba. Kunne na da murfi ne?"
Ban ci abincinta ba.

Talata, 22 ga Afrilu
Mata ba sa rera sunayen nan. Har gobe haka zan ce.
Amma Penina ta gaggauta suna na sha ɗaya, kuma ba haka yake ba. Na ce gobe ta kawo masararta ta ɓare nan kusa da ni. Gefen nan ya fi inuwa, shi ke nan.