Robar Ruwan Gola na Uku

Yaya,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki da kyau, ke da maigidan da yara. Koci ya karɓe mana wayoyi tun ranar da muka shigo sansani, don haka likitanmu ne zai ɗauki hoton takardar nan ya turo miki.

Mu ashirin da uku ne, ana kwana bibbiyu, ni ne na zama rara. Gado biyu ne a ɗakina, ɗayan safar hannuna nake shanyawa a kai. In an tafi hutun rana, daga ni sai ƙarar fanka. Wallahi kewa tana damuna.

Ga inda ake. Ƙasashe biyu ne za su wuce zuwa babbar gasar wasanni ta duniya. In mun wuce, gola biyu kawai za a ɗauka, mu kuwa uku ne. Dogo ya zauna daram. Gurbi ɗaya ya rage tsakanina da Bahago, kuma baɗi shekaruna sun wuce ƙa'ida.

Aikin da aka ba ni shi ne kallon bidiyon masu buga fenareti. Ina rubuta lambar rigar kowa da ɓangaren da ya saba bugawa, in manna takardar a jikin robar ruwan Dogo. Ita ce ƙwallon da nake bugawa a nan.

Ki sa ni a addu'a.
Ƙanenki, Auta

*

Auta,

Wa'alaikumus salam. Muna lafiya, yara na gaida kawunsu.

Sau uku ina ture keken ɗinki in kunna talabijin saboda kai. Abin da na gani duka gwiwarka ce a gefen benci, ita ma sai da na dage kafin maƙwabta suka yarda taka ce. Ka riƙa matsowa tsakiya mana, ko bencin ma na gado ne?

To, saurara. Wahalar idon da kake sha, ka san wanda kake yi wa ita. Dogo ba abokin takararka ba ne, ka ba shi. Amma Bahagon nan, kada in ji. Na san halinka, ko takalminka aka roƙa sai ka dawo gida ƙafa a ƙasa kana murmushi. Wannan karon ka so kanka, don Allah.

Ka riƙa cin abinci, kuma ka daina zaman ɗaki kai kaɗai.

Allah ya ba da sa'a.
Yayarka

*

Yaya,

Gaisuwa da fatan alheri. Kin ga wasan, amma bari in faɗa miki abin da ba a nuna ba.

Saura minti biyu a tashi daga ƙarin lokaci Dogo ya faɗi a kan kafaɗarsa. Koci ya juyo, idonsa ya bi ta kaina ya wuce, ya kira Bahago. Aka tashi canjaras, sai fenareti.

Robar tana ƙarƙashin kujerata. Bahago bai san da ita ba, don bai taɓa zama kallon bidiyo da ni ba, cewa yake aikin malaman makaranta ne. Koci kuwa hankalinsa na kan masu buga mana. Da na yi shiru babu mai tambayata. Na tuna maganarki, na zauna na kai minti guda ƙafata a kan robar.

Sai na hango Bahago yana ɗaura safar hannu, yatsunsa na rawa. Na san wannan rawar, Yaya. Duk wanda ya taɓa tsayawa shi kaɗai a bakin raga ya san ta. Na tashi na miƙa masa, na ce, "Lamba tara hagunka yake bugawa, kada ka yi saurin faɗuwa. Sauran na rubuce a jiki."

Ya kama biyu. Mun wuce.

Aka ɗaga shi sama ana zagaya fili, ni na tsince robar a cikin raga na tattara ƙwallaye. Yau da safe aka manna sunaye a ƙofar ɗakin cin abinci. Na karanta sau biyu, har da bin layi da yatsa. Koci ya dafa kafaɗata ya ce ƙasa ba za ta manta da ni ba, sannan ya ce in miƙa rigunan atisaye kafin la'asar.

Ban yi nadama ba, amma abin da ciwo. Ki yi haƙuri.

Auta

*

Auta,

Salamu alaikum. An nuna. Bayanka kawai aka haska kana miƙa masa, amma na gane ka. Shago ya kaure da ihu, ni kuwa na shige bayan labule ina kuka, don ni kaɗai na san abin da ka ba da.

Har yanzu ina jin haushinka, ka sani.

Rubuto min ranar da za ka sauka. Ban faɗa wa kowa cewa babu sunanka ba tukuna, ni zan zo in ɗauke ka.

Yayarka