Gadarmu Aka Yi Wa Kwandem, Ba Mu Ba

Zuwa ga Mai Girma Babban Injiniya, shugaban ofishin da ke kula da hanyoyi da gadojin yankinmu.

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa mai yawa da ladabi da biyayya, ina fatan kana lafiya, kai da iyali da duk ma'aikatan da ke ƙarƙashinka. Allah ya ƙara maka girma, amin.

Ni ne Kofur Lawal, tsohon soja, wanda ya riƙe hediman na leburori a hanyar da ta tashi daga Damari ta nufi Sabuwa. Gidana yana Unguwar Marke, dab da rafin da ya raba mu da Sabuwa. Na sha zuwa ofishinka da ƙafata, ba a taɓa bari na wuce teburin akawu ba. Shi ya sa na ba da wannan takarda a buga a jarida, don ka gani, jama'a ma su gani. Maganata a kan kalma guda ce ta Turanci da kuke yawan faɗi a ofis, wato kwandem. Ina jin tsoron kalmar nan, ina kuma ganin girmanta, kuma sai na faɗi dalili kafin in kawo kukana.

Na farko, yadda na san ta.

A soja na fara jin ta, kafin a kai mu yaƙin ƙasar Bama. In takalmin mutum ya mutu, ko bargonsa ya zama raga, sai ya kai sito. Hafsan soja ya ɗaga, ya juya, ya ce kwandem. Nan take a tsaga shi da wuƙa don kada wani ya sake sawa, kwatamasta mai kula da sito kuma ya miƙo sabo. Ban taɓa ganin an ce wa takalmi kwandem an bar soja ya koma fareti ba takalmi ba. Can kuma na ji an faɗe ta a kan mutum. Wani ne ya kashe abokinsa, kotun soja ta zauna, da aka fito sai muka ji an yi masa kwandem, ma'ana an yanke masa hukuncin kisa. Ran nan na yi ta tunani, kalmar da ake faɗa wa tsohon bargo ita ce ake faɗa wa ɗan Adam mai numfashi. Da na dawo gida sai na tarar da ita a mahauta. Duba-gari ya tsaga hantar saniya ya ce kwandem, a zuba wa naman kananzir a binne, mahauci na tsaye yana kallon jarinsa. Wani malamin makaranta a Faskari ya ƙara mani da cewa ko da baki mutum ya yi tir da wani aiki a bainar jama'a, Turawa kwandem suke ce wa wannan. Mu a Hausa kowanne da sunansa: ya lalace, ya haramta, an yanke masa hukunci, an yi Allah wadai da shi. Su kuwa kalma ɗaya ta ɗauke duka. Ban san wata kalma mai nauyin kaya irin wannan ba.

Na biyu, ranar da ta zo garinmu.

Ana tsakiyar cinikin auduga ne, a shekarar da Sarauniyar Ingila ta zo ƙasar nan, ofishinka ya aiko mana wani ƙaramin injiniya, ɗan ƙasa, ko gemu bai ajiye ba. Gadar rafin Marke ta katako ce, gungumen maɗaci a kan ginshiƙan dutse. Ni da leburorina muke share ta, muke shafa mata kwalta, muke canza allunan da suka tsage. A idona lafiyarta lau, a safiyar ranar ma mota ta haye ta da buhunan auduga har sama. Injiniyan nan ya cire takalmi ya sauka ƙarƙashinta da 'yar guduma. Ya ƙwanƙwasa gungume, ya kara kunne, ya matsa gaba, ya sake ƙwanƙwasawa. Ya daɗe a wajen gungumen tsakiya. Da ya hauro bai ɗaga murya ba, ya ce, "Baba Kofur, gadar nan kwandem ce. Masu ƙafa da dabbobi su wuce, kada su tsaya a kai. Mota kuwa ko babu kaya kada ta hau." Na ce masa, ranka ya daɗe, ni ban ga kome ba. Ya ce shi ma bai gani ba, ji ya yi, cikin itacen ya zama gari. Ya rubuta kalmar da jan fenti a allo, ya kafe a bakin gada, ya danƙa mani amana, ya tafi.

Ban yarda da shi ba, amma soja ba ya jiran sai ya yarda kafin ya bi umurni. Na gitta gungume a hanya na zauna kusa da shi. Ranka ya daɗe, na sha zagi. Gaɓar rafin nan tsayayya ce, mota ba ta iya gangarawa, saboda haka dole direba ya juya ya yi zagaye mai nisa, ko a sauke kaya a ɗauka a ka. Fatake suka ce cin hanci nake nema. Manoma suka ce so nake audugarsu ta kwana a gida har a rufe fulotin sayen auduga. Yara suka sa mani suna Kofur Kwandem, suna bi na da shi har ƙofar masallaci. Yayata ma, Yaya Hajo, wadda ta goye ni, mai kai daddawa kasuwar Sabuwa, ta daina aiko mani da tuwo.

Na uku, abin da idona ya gani.

Wata ranar kasuwa da hantsi, Mati direba ya iso da motarsa cike da mutane, maza da mata da goyo, wasu a kan buhuna. Yaya Hajo tana ciki da ƙwaryarta a cinya. Mati ya ce yau kam zai haye, ya gaji da tsoron jan fenti. Samari suka diro suka ɗage gungumena suka jefar gefe. Na tsaya gaban mota, ƙirjina na taɓa ƙarfe, na ce sai dai ya bi ta kaina. Yaya Hajo ta leƙo ta ce, "Lawal, Turanci ya haife ka ko uwarmu? Kauce mana!" Ina ji Mati yana ƙara wa injin wuta.

Ana cikin haka sai ga garken Fulani daga wancan ƙetare sun hau gada, dole muka dakata su wuce. Shanu suka yi ta fitowa suna ratsa mu. Saura kaɗan su ƙare, sai na ji ƙara a bayana, ba irin ta bindiga ba, irin ta ƙofar da ta daɗe ba a buɗe ba. Na waiga. Tsakiyar gadar ta durƙusa a hankali kamar raƙumi, sa'an nan ta tafi gaba ɗaya, da saniya guda a kanta. Ƙura ta tashi, jajir, garin itace ne. Babu ruwa, babu iska, rana tsaka. Da ƙurar ta lafa muka leƙa, gungumen da nake shafa wa kwalta ashe ɓawo ne kawai, hannu na shiga cikinsa har gwiwar hannu.

Mati ya kashe mota, ya sauko, ya zauna a ƙasa yana salati. Mata suka fara kuka bayan abu ya riga ya wuce. Yaya Hajo ta sauko ta kama kaina da hannu biyu tana tofa mani addu'a, tana kiran sunana. Na ga mutuwa a Bama iri-iri, amma ban taɓa ganin ta zo ta tsaya ta juya a kan kalma guda ba. Allah ne ya tsare, ba shakka. Amma ya tsare ne ta bakin yaron nan naka, da ilmin da ya sa kunnensa ya ji abin da idon tsohon hediman bai gani ba. Tun daga ranar in na ga allon nan sai na tsaya na dube shi. Mutanen garinmu har suka ɗauki kalmar suka shigar da ita Hausa. Mace ta ce tukunyarta ta yi kwandem, tsoho ya dafa gwiwa ya ce ta yi kwandem, amma ba mai faɗinta da wasa a bakin rafin Marke.

Na huɗu, kukana.

Damina biyu ke nan da faɗuwar gadar, ta uku tana ƙofa, ba a aza ko dutse ɗaya ba. An sallami leburorina, an ce babu aiki a hanyar da mota ba ta bi. Duk sa'ad da na je ofishinka, akawu ba ya ko ɗaga kai, sai ya ce, "Ai hanyar nan an yi mata kwandem." Ranka ya daɗe, ina wurin aka faɗi kalmar nan, da kunnena na ji. A kan gada aka faɗe ta. Ba a faɗe ta a kan hanya ba, ba a faɗe ta a kan Unguwar Marke da ƙauyukan bayanta ba. Yaya aka yi ta taso daga katako ta bi hanya ta rufe mu duka? A bakin injiniyanka ma'anarta ita ce kada mutane su halaka. A bakin akawunka ta koma ba ruwanmu da ku. In kalma ɗaya za ta iya ɗaukar waɗannan biyu, to ta fi ƙarfin yadda na zata, kuma bai kamata a bar ta a hannun kowa ba.

Da rani muna lallaɓawa. Da damina kuwa rafin nan yakan cika ya kwana ya wuni bai sauka ba, sai mai ƙarfin hali ya rungumi gora ya faɗa. Disfensare tana Sabuwa, wancan ƙetare. A daminar bara, ana tsakiyar marka, maciji ya sari Yaya Hajo a gonar gyaɗa. Muka ɗauko ta a kan gado muka zo bakin rafi, muka tarar ya kawo har wuya, yana tafe da itatuwa. Samari suka gwada, ruwa ya mayar da su. Muka ajiye ta ƙarƙashin marke muna jiran ya sauka. Daga inda muke zaune muna hangen hanyar Sabuwa a buɗe, busasshiya, har da mai keke yana wucewa. Kafin la'asar Yaya Hajo ta cika, kanta a cinyata.

Ban ce kai ka kashe ta ba, ajali ba ya wuce lokacinsa, kuma na karɓi hukuncin Ubangiji. Amma ina so ka sani, tana cikin mutanen motar nan da kalmarku ta tsamo daga bakin mutuwa. Abin da ya tsare su a rana ɗaya shi ne yanzu yake tsintar su ɗaya-ɗaya. Iyakar sanina, kwandem rabin magana ce. In an faɗe ta, ana tsaga tsoho ne a miƙo sabo. Ku kun faɗi rabin farko, kun faɗe shi daidai, har abada ba zan daina yi muku godiya a kai ba. Rabin na biyu muke jira.

Saboda haka ina roƙon abu uku.

Ɗaya, a sa mu cikin aikin bana, a gina mana gada. In ta siminti ta yi nauyi, a yi mana ko kadarko ne wanda zai ɗauki mutum huɗu da gadon marar lafiya. Mai unguwarmu ya yarda za mu fito aikin gayya, dutse da yashi da ɗaukar kaya duk namu ne.

Biyu, a sake aiko mana injiniyan nan, in yana nan ƙarƙashinka. Ban ko riƙe sunansa ba, don ranar da ya zo haushinsa nake ji. Akwai mutane da yawa a garinmu da suke so su gan shi su yi masa addu'a baki da baki, kuma duk abin da ya ce mana a kan sabon aiki ba mai musu.

Uku, a ja kunnen ma'aikatan ofis, su riƙa sanin a kan me aka faɗi kalma kafin su maimaita ta ga talaka. Wanda ba ya jin Turanci in aka jefe shi da ita sai ya juya ya koma gida, yana tsammani hukuma ta gama magana.

Ranka ya daɗe, ban roƙi a mayar da ni aiki ba, na tsufa, ƙarfina ya ja baya. Amma shamuwa ta iso, ta fara sheƙa a kan kukar masallaci, gabas kuma ta fara haɗa gira da yamma. Ɗiyata ta fari tana da ciki, na farkonta, kuma ungozoma ta ce haihuwar za ta faɗo ne a tsakiyar marka. Gidan mijinta yana wannan ƙetare, tare da mu.

Allah ya ja zamaninka, ya ba ka mataimaka na gari, ya sa ka gama da duniya lafiya. Allah ya sa duk gadar da aka gina da hannunka ta zame maka sauƙin ƙetare siraɗi, amin.

Wassalam.

Ni ne naka mai biyayya,
Kofur Lawal, tsohon hediman,
Unguwar Marke, ta hanyar Damari.