Taliyar Inna ba nama, ba man shanu

Baban Surayya,

Ba zan iya jiran ka dawo daga ban ruwa ba. Na tafi da Inna asibitin Kura. Ta tashi kanta na sarawa, ƙafafunta duk sun kumbura.

Ka san dalili. Kana tsaye likita ya ce jininta ya hau, ba nama, ba man shanu, gishiri ma ɗan kaɗan. Jiya na dafa mata taliya da tumatirin da na tsinko da hannuna, da albasa, da yalo, da kabewa, da alayyahu. Ta ci rabi tana ta sa mini albarka. Ina shiga ɗaki yin sallah, ka kwarara mata man shanu, ka juye balangu a kai, wai ita ba akuya ba ce da za a riƙa tura mata ganye. Surayya ta gaya mini komai, kuma kada ka kuskura ka yi mata faɗa.

Taliya na cikin kabad, kayan lambu na kwando. Ka soya albasa da tumatir da man gyaɗa cokali ɗaya, ka zuba yalo da kabewa, alayyahu a ƙarshe. Da hannunka za ka dafa, ka kawo mana kafin la'asar. Kada ka ƙara komai a ciki.

Mahaifiyarka ce, na sani, kuma tausayinta ne ya sa ka. Amma yau da safe sai da na kira ta sau da yawa kafin ta gane ni.

Zuliha