Mutumin da ya ƙi shan gahawa da ni

Zuwa ga ɗana Haruna,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa irin ta addinin Musulunci, ina fatan kabarinka da haske. Ni ne babanka. Daga Doha nake maka magana, garin da na rantse ƙafata ba za ta taka ba.

Ka san ban manta ba. Ka bar mini gona da damina tsaka, ka zo nan kana kai wa mutane abinci a kan babur. Shekara uku kana kira ina miƙa wa matarka Saude wayar. Har yanzu ina ganin ba ka kyauta ba.

Da motar ta buge ka, aka aiko cewa kotu ta yanke diyya, sai dai duk magada su sa hannu. Saude ta sa nata da na yaranku, Maryama da Sani. Saura ni, na ƙi. Aka ce in wakilta wani, na ƙi. Na ce jinin ɗana ba gero ba ne da za a auna mini a kwano, sai na ga idon wanda ya yi. Wata biyar takardar tana jiran babban yatsana. Ina kallo Saude ta sayar da keken ɗinkinta.

Mutumin da ya buge ka shi da kansa ya biya mini jirgi. Alhasan, ɗan Zangon Kumasi da kuka zauna ɗaki ɗaya, shi ya kai ni gidan mutumin a Al Wakrah bayan la'asar. Haruna, ashe haka teku yake? Ruwa har inda ido ya gaji. Ba ka taɓa gaya mini ba. Ko da yake ban ba ka dama ba.

Na zaci zan tarar da yaro mai tuƙin ganganci. Sai ga tsoho sa'ana, tsohon masunci, ya rame kamar kara. Ya zaunar da ni, ya ɗauki buta da hannunsa ya zuba mini gahawa, ɗan tsiyaye a gindin kofi. Na ce a raina, ga kuɗi ga rowa. Na shanye, ya ƙara. Na shanye, ya ƙara. Sai a na shida Alhasan ya raɗa mini, “Baba, girgiza kofin, in ba haka ba a nan za mu kwana.”

Amma shi bai sha ba. Ko dabino ɗaya bai taɓa ba. Ka san a wurinmu mai gida ba ya zuba wa baƙo ido yana ci. Na dire kofin na miƙe, na ce wa Alhasan ya faɗa masa da Larabci, kada ya rage komai: ya kashe mini ɗa, kuma yana ƙyamar haɗa kwano da ni?

Alhasan bai ko fassara ba. Ya riƙe mini riga ya ce, “Baba, azumi yake yi. Kaffarar Haruna.”

Wata biyu a jere, ɗana, a cikin wannan zafi da ke narka takalmi. Ya kai kwana talatin da huɗu ciwon suga ya kayar da shi. Malamai suka ce larura ce, ya ɗora daga inda ya tsaya. Ya ƙi. Ya koma ranar farko. Ranar da na je yana kan ta hamsin da ɗaya. Babu kotun da ta sa shi, babu wanda ke duba bakinsa.

Na koma na zauna. Shekara saba'in ina taƙama da taurin kai, ban san akwai wanda ake yi don Allah ba. Ni da na haife ka na hana ka muryata shekara uku. Wanda bai taɓa jin sunanka ba sai ranar hatsarin ya hana kansa ruwa dominka.

Da aka kira magariba ya miƙo mini dabino. Na ce shi zai fara. Ya ce ni. Muka yi ta yi har Alhasan ya raba ɗaya biyu ya ce, “Khalas, ya isa haka, ku tsofaffin nan!”

Washegari na dangwala yatsana. Kasona na ce a haɗa da na Maryama da Sani, a fara fanso keken uwarsu. Aka ce jirgina jibi, na ƙi. Saura masa kwana tara, tare muke yin su. Yau muna kan na huɗu.

Maganar gona kuwa, na yafe. Da ma na ɗauki wayar nan ko sau ɗaya. Kai ma ka yafe mini.

Allah Ya jiƙanka, Ya yalwata makwancinka, Ya raya abin da ka bari. Allah Ya karɓi azumin bawan nan, Ya ba shi ƙarfin cikawa. Amin.

Ni ne babanka,
wanda yau yake jiran kiranka.