Na Ƙi Komawa Baya a Layin Burodi

Kawu Sani,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya iyali, ya jikin Gwaggo? Mu nan Madina lafiya lau.

Na karance littafin da ka aiko, na matar Afirka ta Kudu da Turawa suka ɗaure don ta ƙi tashi daga unguwarsu. Jiya a layin burodi a unguwar Ƙurban wani ya ce mini, "Ke baƙa, koma baya." Da can shiru nake yi. Wannan karon na dube shi na ce, "A garin Manzon Allah aka haife ni, ba inda za ni." Ya kau da kai, na riga shi saye.

A gaida Gwaggo. Ku sa ni a addu'a, don gobe ma can za ni.

'Yarka,
Hajara